Cigiyar Jan Bijimin da Ba a Karanta Ba

Zuwa ga Mai Girma Alhaji, mamallakin tsohon gidan rediyon FM na bakin kogi, a nan Garwa.

Assalamu alaikum wa rahmatullahi. Bayan gaisuwa mai yawa da fatan alheri, ina tambayar lafiyar Alhaji da ta iyali da ta harkoki. Allah ya ƙara girma, ya sa a gama lafiya.

Sunana Hamisu, mahauci ɗan mahauci. Kakana daga Kano ya biyo shanu da ƙafa har ya zauna a garin nan. Alhaji bai san ni ba, amma ya sha cin naman da na yanka, domin shekaru da dama ni nake aika cinya gidansa ranar Juma'a. Sau uku na zo ofis, sau uku sakatare yana ce mini an tafi Yawunde. Shi ya sa na rubuta a fili, tunda abin da ya same ni ma a fili ya same ni. Takarda guda ɗaya nake nema, tana cikin ɗakin da aka kulle ranar da tashar ta yi shiru, kuma mutuncina a garin nan a kanta ya rataya.

Na ɗaya, bari in tuna wa Alhaji abin da ya gina, don na lura manya suna saurin mance alherinsu. Kafin tasharka, tashoshin ƙasashen waje muke kamawa. Mun san abin da ake ciki a ƙarshen duniya, amma ba mu san wanda ya rasu a Pitowa, nan kusa da mu, ba sai an yi sadakar uku. Sai ga ƙarfen nan naka ya tashi a bakin kogi, dogo siriri, muna hango shi daga mahauta da 'yar jar fitilarsa a ka. Ranar farko da muka ji an ambaci sunan unguwarmu a cikin akwati, da Hausa irin tamu mai ɗanɗanon Fulatanci, wani tsohon mahauci sai da ya ɗaga rediyon ya leƙa bayansa.

Har yanzu ina iya jero shirye-shiryen kamar jiya. Karatun Alƙur'ani da asuba. Hantsi na mata ne, matata Hajara tana daka tana gardama da mai shirin, ita kaɗai a tsakar gida. Da rana a faɗa wa masunta inda ruwan Binuwai ya kai. Bayan la'asar direbobin manyan motoci su yi ta aiko da gaisuwa, kuma sun ce idan suka taso daga Ngawundere, da zarar rediyo ya fara kama ku a wajejen Ngong, to gajiya ta tafi, an iso gida. Ranar Alhamis wani tsoho yakan zo da molonsa ya yi ta kaɗawa a hankali, har ka ji kamar kogin ne yake wucewa ta cikin rumfa. Akwai ma wani dillali da ya rantse ya kama ku a kan dutsen Mindif, can wajen Marwa. Mun san ƙarya yake yi, domin ko tsani ba ya iya hawa, amma ba wanda ya ƙaryata shi. Kowa yana so a ce muryarmu ta kai can.

Na biyu, shirin da ya kawo ni: cigiyar dabbobi, wanda Malam Yakuba yake karantawa kullum bayan karatun asuba. Alhaji ya san shekarun nan da 'yan fashin daji suka addabi makiyaya, ana kora garke daga ruga a sayar da shi ɗaiɗai a kasuwanni. Duk wanda dabbarsa ta ɓace sai ya zo gidan rediyo da yamma, a rubuta kamanninta a takarda, a buga hatimi mai kwanan wata, washegari a karanta. Malam Yakuba yakan fara da Hausa, ya maimaita da Fulatanci, sannan ya taƙaita da Faransanci. A Faransancin duk saniya ko ja ce, ko fara, ko baƙa, shi ke nan. Amma a Hausa da Fulatanci, Allah sarki! "Karsana gudali, fara mai yayyafin baƙi a wuya, ƙahon hagu ya ɗan sunkuya, idan aka kira ta sai ta waiwayo ta dama." Yana karantawa a hankali, da muryar nan tasa mai sanyi, gari bai gama wayewa ba, hazon kogi yana kwance, mu kuma muna tsaye da wuƙaƙe a hannu ba mai motsi. Wallahi wani lokaci sai in ga dabbobin suna wucewa ɗaya bayan ɗaya ta gabana, kowace da tafiyarta.

Daga nan al'ada ta kafu a mahautarmu, ba tare da wani ya kafa ta ba. Rediyo yana rataye a jikin ginshiƙi, kuma wuƙa ba ta taɓa wuyan dabba sai Malam Yakuba ya gama. Kowa yana saurare yana kallon abin da ya ɗaure. Idan kamanni suka zo daidai, a kwance igiya a aika wa mai ita. Idan ya gama bai ambaci taka ba, ka yi bisimilla. Ko takardar malamin dabbobi ba mu ɗauke ta da girman wannan ba. Mun kuma san cewa duk takardar da ya karanta, yakan ja mata layi da jan biro daga sama har ƙasa kafin ya ajiye ta, don kada ya maimaita.

Na uku, safiyar da abin ya faru. A farkon damina ne. Na sayo wani jan bijimi a kasuwar Ngong hannun wani baƙon dillali, bijimi mai dogayen ƙaho, da ɗan fari a goshi kamar an ɗiga nono. Da marece aka yi hadari mai tsawa. Da asuba muka kunna rediyo, sai shuuu kawai. Muka canza batir, muka juya eriya, wani ya kawo nasa daga gida, duk ɗaya. Muka jira har rana ta fara leƙowa, masu tsire da matan gidajen abinci suna tsaye da kwanuka suna ƙorafi. Sauran mahauta dabbobinsu na garken da suka sani ne, sai suka fara yanka. Ni kaɗai ne mai baƙuwar dabba. Na tsaya ina kallon bijimin, shi ma yana kallona, sai na ce wa kaina ai ba a ambace shi ba. Shekaru na saba cewa abin da ba a ambata ba halal ne, ban tsaya na bambanta shirun Malam Yakuba da shirun akwati ba. Na yi bisimilla na yanka.

Kafin azahar sai ga wani dattijo Bafulatani, Bappa Buba, daga wata ruga a bayan Pitowa. Bai tambayi kowa ba, fatun da aka shanya kawai ya bi yana dubawa. Da ya iso kan jar fatar sai ya zauna a ƙasa ya ɗora tafinsa a kanta. Ashe uban garkensa ne, shi ya karɓi haihuwarsa da hannunsa. Bai zage ni ba, da ma ya zage ni. Abin da kawai ya ce shi ne, "Ai na kai takarda. Jiya na kai, da ƙafata." Dillalin kuwa ko ƙurarsa ba a sake gani ba. Na kwana biyu a hannun jandarmomi, aka sasanta batun ramuwa a gaban Sarkin Fawa, wannan an gama shi tun a lokacin.

A ranar da na yanka bijimin ne muka ji cewa tsawa ce ta faɗa wa ƙarfen ta ƙone injin. Aka ce gyaran kwana biyu ne, sai aka ce mako, sai aka ce ana jiran kaya daga Duwala. Ma'aikata suka watse ɗaya bayan ɗaya. A nan nake da ƙorafi a kan Alhaji, kuma zan faɗa da ladabi amma ba zan ɓoye ba: tashar da ta yi shekaru tana sanar da rasuwar kowa, ita ba a sanar da tata ba. Ko mutum ɗaya ba a turo mahauta da babur ya ce yau ba cigiya, ku dakata ba, alhali kowa a gidan nan ya san wuƙaƙenmu suna jiran muryarku.

Na huɗu, abin da ya biyo baya. Mutane ba sa riƙe kwanaki yadda suke riƙe magana. Bayan 'yan watanni sai aka fara cewa ai tashar sai washegarin ranar da na yi yankan ta mutu. Har aka samu masu rantsuwa cewa da kunnensu suka ji Malam Yakuba ya karanta jan bijimi mai fari a goshi, Hamisu yana tsaye ya yi kamar bai ji ba. Ba wanda ya kore ni daga mahauta. Kawai dai aka daina miƙo mini wuƙa. A da, in an yi suna a unguwa ni ake kira in yanka rago, ranar layya kuwa gida goma ne ke jirana. Yanzu fiɗa nake yi wa yaran da na koya wa sana'a. Da aka yi sunan jikata, ni na yanka ragon a gidana, sai na ga kwanukan da Hajara ta aika wa maƙwabta suna dawowa a rufe, ana cewa an gode, an ƙoshi. Ranar na shiga ɗaki na yi kuka, ba na jin kunyar faɗa.

Na je har Marwa na sami Malam Yakuba a unguwar Dugoi, inda yake zaune gidan 'yarsa. Tsufa ya kama shi, muryar ta koma raɗa. Ya riƙe hannuna ya ce, "Malam Hamisu, shanun da na karanta sun fi a ƙirga, sun cakuɗe mini. Ba zan rantse a kan abin da ban tuna ba. Amma ka nemo takardar, jan birona ba ya ƙarya."

Na biyar, dalilin da ya sa ba zan ƙara jira ba. Makon jiya na sayi tsire a bakin kasuwa, da na warware takardar sai na ga hatimin tasharku. Cigiyar wata jaka ce da ɗanta, da jan layi daga sama har ƙasa, man tsire ya jiƙa rabinta. Na tambayi mai tsiren, ya ce buhu-buhu ake fito da su daga tsohon gidan rediyo, wai za a mai da wurin sito. Tun daga ranar nake bin masu tsire da masu ƙosai ina roƙon su bar ni in duba takardunsu kafin su naɗe. Suna ba ni, suna dariya, sun ɗauka na fara taɓuwa. Ina zaune ina karanta tumaki da jakuna da shanun da suka ɓace tun masu tsiren nan ba su yi wayo ba, ina jin muryar Malam Yakuba a kan kowane layi, har in manta abin da nake nema. Amma masu tsire a Garwa sun fi ƙarfin ƙafafuna, kuma takarda ɗaya ce.

Saboda haka ga roƙona. Alhaji ya sa a dakatar da fitar da buhunan nan yau, ba gobe ba. A buɗe ɗakin a gaban Sarkin Fawa da mutum biyu da ya zaɓa, a duba takardun ranar ƙarshe, ni ba zan taɓa ko ɗaya ba don kada a ce na goge wani abu. Idan an same ta, a kai ta rugar Bappa Buba. Yana nan da rai, amma idanunsa sun tafi, kuma an ce mini wannan daminar ba ya fita ko bakin garke. Har yau a wurinsa ni ne mutumin da ya ji kukansa a rediyo ya toshe kunne. A karanta masa ita da ƙarfi, da Hausa da Fulatanci, sannan wanda ya yarda da shi ya faɗa masa ko akwai jan layi ko babu.

Zan faɗa wa Alhaji gaskiyar da ban faɗa wa ko Hajara ba. An yi ta maimaita mini maganar nan har ni kaina na fara shakka. Idan na yi gyangyaɗi bayan azahar a gindin dalbejiya, sai in ji Malam Yakuba yana karanta jan bijimi mai fari a goshi, tar a kunnena, in farka ban san ko mafarki ne ko tunawa ba. Don haka ba wanke ni nake roƙo a yi ba, a duba kawai. Idan babu layi, a faɗa wa mutane. Idan kuwa akwai, zan tsaya a tsakiyar mahauta in ce ni ne, in nemi gafarar dattijon nan tun yana iya ji, in kai wa Sarkin Fawa wuƙar mahaifina da hannuna.

Allah ya ja zamanin Alhaji, ya albarkaci zuriyarsa, ya sa kowace safiya da tashar nan ta mayar wa wani bawan Allah dabbarsa ta zama nauyi a mizaninsa. Allah ya ba Malam Yakuba da Bappa Buba lafiya, ya ara musu kwana har a buɗe ɗakin nan.

Wassalam.

Naka mai biyayya,
Hamisu, mai fiɗa a mahautar Garwa.