Garin Da Ke Ƙarƙashin Tiga

Zuwa ga Kawu Sha'aibu, Bebeji.

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa mai yawa, ina fata kana lafiya tare da iyali, da fatan kasuwar kifi tana kyau.

Kawu, na gama zanen da na shekara ina yi a nan Kano: tsohon garinmu kafin ruwan madatsar Tiga ya cinye shi, yadda marigayiya Mama take ba ni labari. Ya kai faɗin bango. Ban taɓa yin aiki mai kyansa ba. Masu baje kolin zane a Legas sun zaɓe shi, watan gobe za a ɗauka. Amma ina so mutanenmu su riga kowa gani. Ka yi mini izini in kawo shi zaurenka.

'Yarka, Mubaraka.

Zuwa ga Mubaraka.

Wa'alaikumus salam. Muna lafiya, ruwa ya ja baya, kifi sai godiya.

Kada ki kawo shi. Ke a labari kika san garin nan, mu kuwa a amalanke aka kwaso mu muna waige. Inna Asibi ɗanta na fari yana kwance a can ƙarƙashin ruwa, tun da muka taso ba ta ƙara kiran sunan garin ba. Me za ki tayar wa tsofaffi? Ki kai wa 'yan Legas, su ba abin da zai taɓa su. Allah ya yi miki albarka.

Kawunki.

Kawu,

Ina gaisuwa. Na ji maganarka, ban kuma raina ta ba. Duk da haka zan zo ranar Juma'a da shi a naɗe cikin zani. In dattawa suka ce a'a, a naɗe zai koma. Na san abin da hannuna ya yi, ba na jin zai kunyata ka.

Mubaraka.

Zuwa ga Mubaraka.

Bayan gaisuwa. Kin jingine shi kin tafi ba wanda ya ce a buɗe, ba wanda ya ce a'a. Washegari Inna Asibi ta dogaro sandarta, ta ce in kwance shi. Ta daɗe tana kallo. Ta gane rijiya, ta gane marina da tsamiyar bakin masallaci. Ina jiran kuka, sai na ji faɗa. Ta ɗora yatsa bayan marinar, ta ce, "Nan gidana yake. Don me yarinyar nan ta sa mini gona?"

Tun ranar zaurena bai huta ba. Har daga Kafin Maiyaƙi ana zuwa a babur, kowa yana neman ƙofar gidan ubansa, wanda bai gani ba ya kama ni da ƙorafi. Dattawa sun ce aikin bai ƙare ba. Na gaya musu ana jiransa a Legas. Shawara tana gare ki.

Kawunki.

Kawu,

Ina gaishe ka. Na sanar da mutanen Legas su ba wani mai zanen gurbina, ni sai wata shekarar. Ina tafe ranar Asabar da fenti da buroshi. A shimfiɗa tabarmi, kowa ya zo ya nuna mini gidansa. Da Inna Asibi zan fara.

Mubaraka.