Ki Zo Ki Kira Baron

Antwerp, Oktoba 1954

Tine, ko in ce Leontien, matata har yanzu a takardar coci,

Gaisuwa mai yawa, da fatan iskar Ostend ba ta busar miki da fuska ba. Ki gaida yayarki, in za ta amsa.

Kar ki yaga wasiƙar, ba biko na zo ba. Maganar Baron ce. Tun da kika tafi tantinmu na wasan dabbobi ya mutu. Kowa silima yake zuwa, ba mai biya ya kalli tsohon zaki yana hamma. To, silimar ce ta biyo mu gida. Wani darakta, Dassonville, yana shirya fim: wai zaki ya cinye ƙanen wani maharbi, maharbin ya rantse sai ya rama. Kurmin nasu a cikin tsohon sito yake, bakin tashar jiragen ruwa. Itatuwa a tukwane, birai biyu masu mura. Jarumin kuwa, kyanwa ta gifta sai ya hau kujera.

Ana so Baron ya taso a guje kamar zai ci mutum. Na jefa naman doki, na buga kwano, na yi ihu. Ya dube ni ya juya baya, irin yadda kike yi. Dassonville ya ce, "Wannan zaki ne ko tabarmar bakin ƙofa?" Na ce, "Yallaɓai, akwai wadda yake tashi dominta."

Ki zo ki tsaya bayan kyamara ki kira shi. Shi ke nan.

Naki, ko kin ƙi,
Staf

Ostend

Staf,

Na gaishe ka. Yayata ba ta amsa ba.

In ka ce "shi ke nan," akwai saura. Na wuni ina auna wa masu saye jatan lande ina juya maganarka. Ka ce maharbin ya rantse sai ya rama. To yaya fim ɗin yake ƙarewa? Me ke cikin bindigar? Da kwalbar madara na raini Baron, a kan cinyata. Ka ba ni amsar mutane, ba irin wadda kake ba masu sayen tikiti ba.

Ka huta lafiya.
Leontien

Antwerp

Tine,

Gaisuwa. Haba! Harsashin wasa ne, ƙara da hayaƙi kawai. Daga nan likita ya yi masa allura, ya yi barci, jarumi ya ɗora ƙafa a kansa a ɗauki hoto, in ƙafar ta daina rawa. Ya farka ya ci abincinsa. Na tambayi Dassonville a gaban ma'aikatansa, har ƙirji ya dafa.

In bai taso a guje ba za su ɗauko wani zakin daga Jamus, ni kuma mahauci ya daina gaishe ni saboda bashi. Ki zo ran Litinin.

Naki,
Staf

Antwerp, Nuwamba

Tine,

Ina gaisuwa, ko da yake na san ba kya so.

Kin fita ba ki tsaya kin ji ni ba. Na bi ki har tasha, jirgin ƙasan ya tashi. Na san abin da kika gani: kin kira, ya miƙe kamar ɗan shekara uku, ya yo kanki, sai wani mutum da ke laɓe bayan itatuwa ya harbe shi da harsashin gaske. Ba jarumin ba, wani ne da ya iya. Na kama wuyan rigar Dassonville. Ya ce, "Sake ni, malam. Zakin allura faɗuwar mashayi yake yi, 'yan kallo ba wawaye ba ne."

Ki tsaya mu yi tunani irin na manya. Haƙoran Baron sun ƙare, hunturu ya shigo, hukumar gari ta ce in nemo masa wani wuri. Da ya mutu a keji yana kallon bango, da ya mutu yana gudu zuwa gare ki, wanne ya fi? Ba ki tambaye ni ko na sani tun farko ba, ni ma ba zan ɓata tawada ba.

Na sayar da tantin. Akwai rumfar soya dankali a bakin kasuwa da ake neman mai kama ta. Mutum ɗaya ba ya iya mata. Kejin na nan, na kasa wanke shi.

Mijinki,
Staf

Ostend, Afrilu 1955

Staf,

Gaisuwa.

An kawo fim ɗin nan garin, na je. Da Baron ya taso, matar da ke kusa da ni ta ƙwalla ƙara ta ƙanƙame mijinta. Jelarsa a sama take, Staf. Murna yake yi. Sun goge muryata, sun sa rurin wani zakin a wurin. Da ya faɗi kowa ya tashi yana tafi.

Ka nemi wata ta soya maka dankalin. Ba zan ƙara kiran kowa ba.

Leontien