Muryar Dama

Kaura Namoda, 3 ga Yuli

Yaya Ladidi,

Gaisuwa mai yawa. Ya Shinkafi, ya ƙafar Inna? Allah ya ƙara sauƙi.

Na gama waƙar da kike cewa ta masu aljanu. Murya biyu na ɗauka, duka nawa, babu kiɗa sai bugun turmi da ƙarar injin niƙa. In an sa wayar kunne, ta kunnen hagu tana roƙon a bar garinmu Galadi tun ana da rai, saboda 'yan bindiga. Ta kunnen dama tana cewa a zauna, gonar Baba ba ta tashi. Saboda ƙaninmu Faruku da ke can har yanzu na yi ta, ko zai ji yadda zuciyata ta rabu, ya taso. Na tura mishi.

Naki,
Kamaluddeen

19 ga Yuli

Yaya,

Ina fata kuna lafiya. Ni dai ba lafiya ba. Faruku ya kira yana murna, wai ya ji saƙona, zai zauna ya yi noma. Na yi ta ihu har layi ya yanke. Ashe na manta, Yaya: ɗan kabu-kabu irin Faruku a hanyar nan kunne ɗaya yake sa wa waya, ɗayan na sauraren daji ne. Na dama ya sa. Kuma wallahi muryar daman ta fi daɗi, don da na rera ta ban yi ƙarya ba. Tsoro nake ji. Ki sa Inna ta kira shi.

Kamaluddeen

2 ga Agusta

Yaya,

Ya haƙuri? Na ji an tsinci babur ɗin a bakin gona, shi kuwa babu labari.

Jiya da hantsi na goge muryar daman da hannuna, na duba sau uku. Da na kunna, hagu na ta roƙo, dama shiru. Can sai numfashi. Sai gyaran murya sau biyu, irin na Faruku in zai yi magana gaban manya. Daga nan aka ɗauki waƙar a hankali, ba muryata ba, ana cewa a zauna.

Ban kashe ba har yanzu. In ta kai ƙarshe sai in maido ta farko, kuma kowane zagaye muryar na ƙara nisa.

Don Allah kada ku shimfiɗa tabarmar gaisuwa tukuna. Ina jin shi.

Ƙaninki,
Kamaluddeen