Ƙafar Dodon Gule

Lilongwe, 3 ga Yuni

Kawu Limbani,

Gaisuwa da girmamawa. Ya Inna Nabanda, ya girbin masara?

Kawu, na kasa zama wuri ɗaya. Fim ɗina na rawar Gule ta dodannin garinmu masu rufe fuska, wanda na shekara uku ina ɗauka, an karɓe shi a bikin finafinai na Zanzibar. Abin da ya fi burge su shi ne rawar da dodo ya yi a bikin tunawa da mahaifiyata, inda na matso da kyamara kan ƙafafunsa cikin ƙura. Kafin ƙarshen wata zan aika. Ka sa mini albarka.

'Yarka,
Tiyamike

Dedza, 10 ga Yuni

Tiyamike,

Muna lafiya. Masara ta yi.

Ke da gaggawa kamar akuyar da ta tsinke! Kin manta kin nuna wa dattawa fim ɗin a wayarki? Ƙafar hagun dodon ba ta da ƙaramin yatsa. A garin nan mutum ɗaya ne gatari ya ci wa wannan yatsan. Dodo daga makabarta yake fitowa, ba shi da suna, ba shi da gida. Dattawa sun ce idan duniya ta ga ƙafar nan, mai ita ba zai ƙara zama cikinsu ba. Ki cire.

Kawunki

Lilongwe, 15 ga Yuni

Kawu,

Ina gaisuwa, amma raina a ɓace yake.

Haba Kawu! Wa bai sani ba? Har matan bakin rijiya sun sani! Na yanke wurin sau huɗu ina mayarwa. Ba don Zanzibar kaɗai ba ne. Na ga yadda kake jan ƙafa yanzu, na san ba za ka sake shiga fili ba. Rawarka ta ƙarshe ce, kuma ƙanwarka ka yi wa. In na goge, me ya rage mini?

Ka gafarce ni,
Tiyamike

Dedza, 21 ga Yuni

Tiyamike,

Kowa ya sani, ba wanda ya taɓa faɗa. Ke ce ta farko, kuma a takarda. Na ƙona ta. Ban san rawar da kike nufi ba. Ni ranar ina gona.

Kawunki

Lilongwe, 28 ga Yuni

Kawu,

Barka da war haka. Na cire, ban ajiye ko kwafi ba. Fim ɗin ya rame, wataƙila su mayar mini da shi. In ka haɗu da dodon a hanyar gona, ka ce masa rawar da ya yi wa uwata ta kai rawa, har na yi kuka a bayan kyamara.

'Yarka,
Tiyamike

Dedza, 5 ga Yuli

'Yata,

Na gaya masa. Ya ce ya gan ki. Shi ma ya yi kukan, sai dai fuskarsa a rufe take.

Kawunki