Ɗana Ya Rantse Zai Yanke Igiyar Korar Tsuntsu

Malam mai filin shawara, a taimake ni, ko da yake an ce ba na jin magana. Ban yi boko ba, maƙwabcina ke rubuta mini.

Shekarar da aka canza fam zuwa naira, fari ya ci mu a ƙasar Bagwai. Ɗan geron da ya tsira kuma tsuntsaye jan-baki suka sauko masa. Sai na ɗaura igiya daga wannan bakin gona zuwa wancan, na rataya duk abin da zai yi ƙara daga kayan mutanen garinmu: fartanyar Mati da ya tafi kudu bai dawo ba, murfin tukunyar Asiya da ta rasu a yunwar, gwangwanaye, ƙoƙo da tsakuwa. In na ja, tsuntsu ya tashi. Igiya ta sha ruɓewa ina sabuntawa, kayan dai su ne, kuma ko ido rufe ina gane ƙarar na kowa.

To, jikata Sauda sana'arta a Kano haɗa sauti, ba kiɗan rawa ba, wani irin ƙugi da kwaramniya. Ta zo da na'ura ta ɗauki ƙarar igiyata, ta ja ta, ta murɗa ta, ni kaina da na ji sai da tsigar jikina ta tashi. Ta saka wa mutane a birni, abu ya shiga wayoyi, ya dawo ƙauye. Yanzu wai aljanu nake kira. Ɗana Abdussalam ya ce na zubar masa da mutunci a masallaci, ya rantse zai yanke igiyar. Shi da aka yaye da kunun geron nan! Bana ga tsada, ga tsuntsu ya dawo. Gobe in na yi sallar asuba gona zan nufa in ja igiyata, in ga mai yankewa.

Tsoho mai igiya, Bagwai

Baba, Allah ya ƙara lafiya. Igiyarka ba tsafi ba ce, kuma bai kamata a yanke ta ba. Amma ka yi wa Abdussalam adalci. Shi ke shan maganganun mutane, su kuwa tsagwaron ƙara suka ji a waya, ba wanda ya gaya musu asalinta. Nan Sauda ta yi sake: aikinta sana'a ce, sai dai ta ɗauki ƙarar ta bar sunayen.

Ka je gonar gobe, amma ba kai kaɗai da sanda ba. Ka gayyaci liman da mai unguwa da ɗan naka. Ka taɓa kayan ɗaya bayan ɗaya, ka faɗi mai shi da yadda ya ƙare. Jikokin mutanen nan suna garin, kuma wanda aka ambaci kakansa ba zai ƙara cewa aljani ba. Sauda ta zo ta ɗauki muryarka ta haɗa da aikin nata. Batun rantsuwa kuwa, kaffara ta fi ɓata ran uba sauƙi, liman zai yi masa bayani.

Allah ya tsare maka geronka, ya daidaita tsakaninku.