Ƙorafi Kan Takardar da Ta Ce Mijina Bai Cancanta Ba

Zuwa ga:
Mai Girma Shugaban Hukumar Ɗaukar Ma'aikata ta Jiha

Daga:
Kesar Bai Ahirwar, matar marigayi Bhurelal Ahirwar, ƙauyen Semra

Ranar 9 ga Yuli, 2024

Game da: Aikin gadin daji, da sakamakon da aka aiko wa mamaci

Ranka ya daɗe,

Ran Talatar da ta wuce ina kwaɓa kashin shanun da muke hura wuta da shi, mai kawo wasiƙa ya miƙo mini takardarku. Karatuna aji huɗu ne, amma na gane. Ta ce mijina bai kammala gwajin tafiya ba, don haka bai cancanta ba. Cikin ladabi nake gabatar da waɗannan, yadda na riƙe su a ka.

1. A jarrabawarku ta 2013 ya ci maki 81. Kujerun aikin da aka keɓe wa danginmu, mu da ake raina asalinmu, biyu ne, masu 85 da 83 suka ɗauka. Kujerun kowa da kowa kuwa har mai 74 ya samu. Aka ce wa mijina layinku ya cika. Ashe gatan da gwamnati ta yi mana katanga ce. Da a gidan manya aka haife shi, da ya shiga da rarar maki bakwai a aljihu.

2. Ya kai ƙara. Shekara goma sha ɗaya yana hawa motar asuba zuwa Babbar Kotu. Alƙalai uku suka yi ritaya a kansa. Na huɗu ya gano cewa "kowa da kowa" ya haɗa da mu. Muna godiya da wannan zurfin bincike.

3. Hukumarku mai adalci ta ce gwajin tafiyar da ya ci a da ya tsufa, sai an sake. Kilomita ashirin da biyar cikin awa huɗu, a zafin watan Mayu, ga mutum mai shekara arba'in da huɗu. Takarda ta tsufa kun lura, ƙafafun da suka jira ku ba ku lura ba. Ya faɗi a kilomita na ashirin da biyu, bai sake tashi ba. Wanda ya samu 74 yana cikin masu riƙe agogo.

4. Takardar ta ba shi kwana talatin ya zo da kansa idan yana da ja. Mun ƙona gawarsa bisa al'adarmu tun 19 ga Mayu, ranka ya daɗe. A yi masa uzuri.

Ba aiki nake roƙo ba. Ina roƙon a soke kalmar "bai cancanta ba", a sa sunansa a jerin kowa da kowa, sama da mai 74, inda kotu ta ce. 'Yarsa Sarita za ta zauna jarrabawarku baɗi, ina so ta ga sunan ubanta a wurinsa kafin ta shiga.

Har yau kowace safiya ina jiƙa masa irin waken nan namu da muke kira cana, tafin hannu ɗaya, kamar lokacin da yake atisaye. Akuya ke cinyewa.

Da dukkan girmamawa,
Kesar Bai Ahirwar