Bana Ba Za Mu Sauki Baƙi Ba

Yaya Laminu,

Sallama irin wadda ake yi a bakin kushewa. Na san takardar nan ba za ta same ka ba. Amma a nan Kwatano ba ni da wanda zan yi wa zancen kokawar 'yan lakwal, wato 'yan makarantar boko, ya saurare ni. Kai ma da kana raye ba ka cika sauraro ba, to yau dai dole ka bar ni in kai aya.

Labarin gida ba daɗi. Bana ma ruwa ya ɗauke hatsi na shirin fid da kai. Mata sun koma jiƙa 'ya'yan anza, abincin lokacin yunwa. Ilu direba, wanda ke kawo mini saƙo, ya ce matarka Zuwaira ta rame, amma bakinta na nan yadda ka bar shi.

Ka tuna yadda abin ya faro? Kana sabon mushe, wato malamin lakwal, ka hau keke ka bi daraktoci ɗaya bayan ɗaya har suka gaji suka yarda a riƙa haɗa yaransu kokawa. Lakwal ɗin garinmu, ta Droum, ta Mirriya, da guda a cikin birnin Zinder. Ni ne mai share fage da zuba rairayi. Doka ɗaya ka kafa: wanda karo ya zo kansa shi zai ciyar da kowa, baƙo ba ya zuwa da guzuri ko da ƙwayar gyaɗa. Ka ce yaron da ya ci tuwon uwar abokin karonsa ba zai karya masa hannu ba. Gaskiyarka ce. Na ga ɗan Droum ya sha kaye da la'asar, da safe uwar wanda ya kayar da shi tana dama masa fura. Daga baya lakwal ɗin Dogo ta shigo, wasu ƙauyuka suka biyo, har sai da muka faɗaɗa fage.

Sai fari ya zo, suka fara zarewa. Ka lura ba wanda ya taɓa ambatar yunwa? Droum suka aiko cewa iska ta binne fagensu. Dogo suka ce makaɗinsu ya yi tafiya. Kai kuma ka yi ta faɗa a tsakar gida, wai tsoron yaranmu suke. Yaya, da gaske ka yarda da haka? Makaɗin nan ni na gan shi ranar kasuwa, yana neman mai sayen kalangunsa.

Ga abin da ban taɓa iya faɗa maka ido da ido ba: ba fari kaɗai ya kore su ba, har da dokarka. Mutum zai iya shiga fage da yunwa. Abin da ba zai iya ba shi ne ya tara baƙi a ƙofarsa tukunya ba komai. Sai dai in zan yi maka adalci, ko da ka sassauta ban ga wanda zai karɓa ba. Wane magidanci a Damagaram zai bari baƙo ya shigo masa gida da ƙullin gari a hannu? Dokar ba kai ka ƙirƙiro ta ba, a gidajenmu ka tarar da ita.

Gurbin da suka bari, sabbin lakwal na birni suka cike. 'Ya'yan ma'aikata, suna zuwa a babbar mota kamyo da riguna iri ɗaya. Na daɗe ina jin haushinsu, amma mene ne laifinsu? Don sun ci shinkafa? Suna kokawa da gaskiya, kuma ba su taɓa raina tuwonmu ba. Mirriya tana lallaɓawa saboda lambuna. A ƙauyuka mu kaɗai muka rage.

To, bana karo ya zo kanmu, shekarar farko da ba ka nan. Dattawa sun zauna sun ce kowane gida ya ɗebo daga irin shuka. Irin shuka, Yaya. Zuwaira ce ta fara kwance bakin buhunta, ta ce ba za a ce Laminu na kwantawa aka rufe fagensa ba. Sabon darakta baƙo ne a garin, ba shi da bakin hanawa. Shi ya turo Ilu wajena in yanke magana, tunda cikin waɗanda suka share fagen farko ni kaɗai na rage, kuma ni ƙanenka ne. Na gane abin da yake nema: wanda zai ɗauki zagin.

Na ɗauka. Na ce a cire mu. Na kuma ce kada a laɓe bayan makaɗi ko iska, a aika wa sauran lakwal da maganar yadda take: ba mu da abin ba baƙi. Kowa ya mayar da irinsa rumbu.

Na san Zuwaira ba za ta sake amsa gaisuwata ba. Na san abin da za a ce a gindin tsamiya: wanda ya gudu bakin teku ya rushe abin da wansa ya gina. Ba su yi ƙarya ba. Wuni nake ina dakon buhunan shinkafar da ban san inda za ta ba, sannan in aika wa garinmu umarni. Kuma ba ni da tabbacin na ceci komai. Mai yiwuwa a shuka irin nan ruwa ya sake ƙi, mu rasa iri, mu rasa fage. Wanda ya fita kuwa, ka taɓa ganin ya dawo?

Da kana nan da ka ciyar da su, na sani. Da an yi kiɗa, an yi kirari, an kwana ana yabonka, damina ta zo a tsaya kallon gona. Ni ban iya ba.

Allah ya haskaka makwancinka, ya sauke ka masaukin da ba a zuwa da guzuri a ji kunya. In ka yi fushi, ka riƙe shi har in iso, ba zan musa maka ba.

Ƙanenka Mutari,
wanda ya share fagen, ya kuma rufe shi.